Yadda Joan Benoit ta ci zinare bayan tiyatar gwiwa

Kin tambaya ko za ki koma gudu da wuri bayan tiyata kamar Joan Benoit, 'yar gudun fanfalaki ta Amurka. Gaskiya ne, kwana 17 kacal bayan aikin gwiwa ta lashe gasar zaɓen 'yan Olamfik a 1984. Daga nan ta ci zinare a gudun fanfalaki na Olamfik a Los Anjelis cikin awa 2 da minti 24 da daƙiƙa 52, ta bar Grete Waitz ta Norway, wadda ta zo ta biyu, a baya tun wajen kilomita biyar. Amma nata aikin ƙarami ne, ta 'yar huda aka yi shi, kuma jikinta ya ƙoshi da atisaye. Masu gaggawa kan ɗingisa, nauyi ya koma ɗaya ƙafar, tsokar cinya ta ji ciwo. Fara da keke, likitan ƙashi ya sa miki ranar gudu.