Sunan kakanka ba na gado ba ne

Ɗana,

Na saurari saƙonka har sau uku. Barkanmu da arziki, Allah Ya raya mana shi, Ya ba mai jego lafiyar shayarwa. Tun da yanar nan ta fara rufe mini ido ba na jure hasken waya, don haka ni ke faɗa, ƙanwarka ke dannawa. Mun yi da ita cewa duk inda sunan ya zo zan ce "Baba" in dakata, ita ta cike. In ka gan shi a rubuce, hannunta ne. Shekara saba'in da ɗoriya ban kama sunan mahaifina da bakina ba, ba kuwa zan fara yau ba don an ƙirƙiro waya. Ni ma ban kai kakarka ba. Ita ko "bawan Allah" ba ta iya cewa a magana, sai dai ta ce "mutumin Allah".

Ka ce kana so ranar Talata a raɗa wa yaron Bawa, sunan kakanka, amma surukarka ta ce jikanta ba zai ɗauki sunan bauta ba, har ta ja ’yarta gefe tana tambaya ko asalinmu bayi ne. Ka ce in gaya maka gaskiya ko da ɗaci.

To babu ɗacin da kake tsoro. Baba ɗa ne, ubansa ɗa ne, gonar da ake nomawa har yau a bayan gari kakansa ne ya sare ta. Abin da ba ka sani ba, kuma laifinmu ne da ba mu gaya muku ba, shi ne wannan ba sunansa na yanka ba ne. Da sunan Usman aka yanka masa rago.

Iya, mahaifiyarsa, ta binne ’ya’ya huɗu kafin shi. Na fari ƙyanda ta ɗauke shi yana rarrafe. Ta biyu ba ta kai arba'in ba. Sauran biyun duk sun fara tafiya, sun fara kiran "Iya", sannan zazzaɓi ya zo da damina ya tafi da su. Mata suka fara cewa wabi take yi. A fahimtar mutanen lokacin, ɗa guda ne yake zuwa yana komawa, yana wasa da hankalin uwar, kuma abin da ke janye shi yana bin abin da aka nuna ana so ne. Maganin kuwa shi ne a nuna ba a so.

Da aka haifi Baba, zamanin Sarkin Katsina Dikko ne, ko guɗa ba a yi ba. Ungozoma ta yanke cibi, ta naɗe shi a wani tsumma, ta fita da shi ta bayan danga ta kwantar a kan juji. An riga an shirya da wata makwabciya mai ’ya’ya takwas rayayyu, ba ta taɓa binne ko ɗaya ba. Ta zo kamar wucewa take, ta ɗauke shi, ta shigo gida tana cigiya, wa ya yar da wannan? Iya na kwance ta juya fuska bango ta ce ba nata ba ne. Matar ta kwance bakin zaninta, ta ajiye anini uku a kan tabarma, ta ce to ta saya, bawanta ne, Iya ta shayar mata da shi kawai. Wanzami ya huda masa kunnen hagu. Ranar suna liman ya yi huɗuba da Usman, maroƙi ya faɗa wa maza a ƙofar gida, amma cikin gida babu macen da ta kama wannan sunan. Na juji ne ya bi shi.

Hudar kunnen nan na gan ta da idona. In zai yi alwala ya tura hula baya sai ka hango ta, ’yar ƙarama kamar ƙwayar gero. Matar da ta saye shi ma na riske ta, ta tsufa tukuf. Duk kaka damin geron farko gidanta ake kaiwa, duk Babbar Salla ni ake ɗora wa cinyar rago in kai mata, Baba yana cewa a kai wa uwargijiyarsa. Yana da mata biyu da ’ya’ya goma sha ɗaya, amma in ta gan shi sai ta ce, "Bawana, ka yi ƙiba da kuɗina," ya durƙusa yana dariya.

Iya kuwa ba ta taɓa yi masa wasa a gaban mutane ba. Ba ta saya masa sabuwar riga, sai kwancen ’ya’yan makwabta. In ya faɗi ba ta ɗaga shi. Sai da ta tsufa, ina tsefe mata kai, ta gaya mini cewa har ya shekara bakwai ba ta taɓa yin barci ta kai asuba ba, sai ta tashi cikin dare ta kara yatsa a hancinsa ta ji ko yana numfashi.

Sunan ba shi kaɗai ba ne, yana da ’yan uwa, duk daga wannan tsoron suka fito. Ajuji, wanda aka kwantar a juji. Barau, a bar shi, kada ka haɗa shi da ɓarawo kamar yadda yaran yanzu ke yi in sun gani a rubuce. Mantau, Ayashe, Dogara. Lokacin da muka zauna a Sabo ta Ibadan da marigayi mijina na tarar Yarbawa ma suna da nasu, abiku suke ce wa irin wannan ɗa, sai dai su roƙonsa suke yi: Malomo, wato kada ka sake tafiya, Kokumo, wannan ba zai ƙara mutuwa ba. Mu kuma shariya muke yi masa.

Kada ka ɗauka ina kare aikin ne. Canfi ne, rai da mutuwa na Allah ne, juji bai taɓa tsare kowa ba, kuma malamai sun yi daidai da suka hana. Abin da ke kashe yaran nan yanzu mun san sunansa: ƙyanda, tarin shiƙa, zazzaɓin cizon sauro, agana da yanzu babu ita, da kuma sikila, wadda in uwa da uba duk suna ɗauke da ita tana iya bin ’ya’yansu ɗaya bayan ɗaya, a ce wabi ne. Allurar rigakafi da gwajin jini kafin aure sun yi abin da anini uku ba su yi ba. Amma ban yarda ɗan da bai taɓa haƙa ƙaramin kabari ba ya zauna ya yi wa Iya dariya.

Zancen cewa sunan bayi ne, duk wanda ya yi tarihi a firamare ya san Bawa Jan Gwarzo, Sarkin Gobir, ɗan Sarki Babari wanda ya kafa Alkalawa. Shi ne wanda Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya haɗu da shi a filin idi a Magami wajen 1788, ya ƙi karɓar kyautarsa, ya nemi a bar shi ya yi wa'azi, a sassauta wa talakawa haraji, a saki fursunoni. Ɗan sarki ne jikan sarauta, da wannan suna ya hau gadon Gobir, kuma babu wanda ya isa ya tambaye shi asali. Na koyar da wannan darasi shekara da shekaru, ina zuwa sunan sai in nuna allo da sanda yara su faɗa. Su a zatonsu gwada su nake.

Sannan in ma'anar kalma ake bi, Abdullahi fa? Bawan Allah ke nan, kuma ya tabbata a hadisi cewa shi da Abdurrahman su ne mafi soyuwar sunaye a wurin Allah. Abubakar, in ka fassara shi, uban ɗan raƙumi ne. Usman ɗin ma, a tsohon Larabci ɗan tsakon wani tsuntsu ne dangin tuje. Ba wanda ke sa wa ɗansa don raƙumi ko tsuntsu. Don Sayyadina Abubakar ake sawa, da Sayyadina Usman ɗan Affan, halifa na uku, Zunnuraini da ya auri ’ya’yan Annabi (SAW) biyu, wanda a zamaninsa aka tara mutane a kan mus'hafi guda. Mutumin da ya ɗauki suna ake dubawa.

Duk da haka, ɗana, ni ma ban goyi bayan ka sa wa yaron nan Bawa ba. Ni da surukarka mun haɗu a masauki ɗaya, hanya ce kowa da tata.

Irin waɗannan sunaye labari ne. Bahaushe na jin su ya san yadda aka haife ka ba sai ya tambaya ba. Tanko, mata ne a gabansa. Gambo, tagwaye yake bi. Talle ya tashi babu uwa ko uba. Cindo yatsa shida gare shi. Nomau da damina ya zo ana tsakar aiki, Shekarau kuma ya daɗe a ciki har aka ƙosa. Haihuwa ce ke kawo su, ba a zuwa a ɗauko don ana ƙaunar mai su. Na san yanzu ana yi, na taɓa samun wani Gambo a ajina wanda shi ne ɗan fari a ɗakinsu, sunan kawunsa aka mayar masa, duk tsohuwar da ta ji sai ta ce ina Hassan da Hussainin? Wannan abin dariya ne kawai. Naka ba na dariya ba ne. Matarka haihuwar fari ce, lafiya ta sauka, ba ta binne kowa ba, Allah kada Ya nuna mata. In ta shiga gidan biki a ƙauye da goyo aka ce sunansa Bawa, tsohuwar farko da za ta karɓe shi za ta rage murya ta ce, "Allah sarki, nawa suka koma?" Kamar ka sa mace takaba ne mijinta na zaune.

Ka ce to ai shi ne a ƙarshen sunan babanka da naka a takardu. Wannan aikin rajistar makaranta ne, kuma ni kaina na yi irinsa da hannuna. A 1976 da aka buɗe shirin UPE na firamare kyauta, yara suka cika mana fili, mai unguwa na tsaye, kana tambayar yaro sunan ubansa sai ya sunkuyar da kai, don ba a faɗa. Na kusa da shi ne zai amsa, shi kuma abin da gari ke kira zai faɗa. Haka muka cika littafi da Ɗanladi da Tanko da Jatau a gurbin sunan uba, sunayen yanka suka zauna a gida. Babanka ma haka aka yi masa tun kafin nan. Ya zauna a takarda, ba komai, ku riƙe shi. Can ne muhallinsa.

In kakanka kake so ka mayar, ka yanka rago da Usman. Shi ne sunan da uban Baba ya zaɓa, shi aka kira a kansa ranar ɗaurin aurensa, shi liman ya ambata ranar da aka yi masa salla. Shekara kusan tamanin yana da shi ba a more shi ba.

Sai dai ka sani, ranar da ka sa shi, ka ɗaure bakin rabin gidan. Babanka ba zai kira ba, ni ba zan kira ba, baffanninka da matansu haka. Dole a nemo na kira. Hausa ta riga ta tanada: kowane Usman Shehu ne, albarkacin ɗan Fodiyo, kamar yadda Abubakar ke zama Garba, Umaru Sanda, Yusufu Maitama. Shugaba Shagari da ya yi mulki daga 1979 zuwa 1983 ai Usman ne sunansa, Shehun ya rufe shi har mutane da yawa ba su sani ba. In Shehu ya yi muku tsufa, ga Abba, ga Baffa, duk abin da ake kiran mai sunan uba ne. Na ji ’yan birni na cewa Khalifa ko Walid, ba laifi. Dadi ne dai ban so, yaro na tsumma a ce masa Dadi. Tsofaffin gidanmu kuwa ko me kuka zaɓa Ɗantala za su ce tunda ran Talata ya zo, kada matarka ta ji haushi.

Ka ce ana matsa maka sai raguna biyu. In da hali ka yi, akwai hadisinsa. In babu, ɗaya ya isar, haka mazhabar Malikiyya ta tafi a kai, haka aka yi wa babanka da kai kanka. Kada ka ci bashi don ’yan kallo. Wanzami ya yi aski a yi sadaka, amma ka tsaya a kansa, ban da cire beli, ban da tsaga. In akwai abin da ke damun yaro a kai shi asibiti.

Surukarka ka bar ni da ita, ba maganar da za ka yi da bakinka ba ce. Uwa ce, ’yarta take karewa, kuma ba ta san mu ba. Zan zo ran Litinin da motar safe, ka turo a ɗauke ni a tasha don ina da kaya: kanwa, daddawa, yajin jego da na sa aka daka tun watan jiya. Akwai kuma abin da zan zo da shi a bakin zanina. Cikin aninan nan uku, Iya ta zura ɗaya a zare ta ɗaura wa Baba a ƙugu har ya yi wayo, biyun ba a san inda suka shiga ba. Wannan ɗayan yana cikin adakata, ya yi baƙi, hudar tsakiyarsa ta side. Zan nuna mata, in nuna maka, in mayar da abina.

Ka gaishe da mai jego, ka ce ta daure da ruwan zafin.

Goggonka