Amsa: Wai daraktan Casablanca jarumi ne ɗan Hangari?

Wa'alaikumus salam ɗan'uwa. Ka tambaya ko gaskiya ne wanda ya ba da umarnin fim ɗin Casablanca ba haifaffen Amurka ba ne, kuma wai da wasan kwaikwayo ya fara. Gaskiya ne. Na daɗe ina bibiyar tsofaffin finafinai marasa magana, kuma wannan mutum yana cikin waɗanda na fi komawa kansu.

A Amurka ana kiransa Michael Curtiz, amma a ƙasarsu Hangari sunansa Mihály Kertész. An haife shi a Budapest a 1886. Ya yi karatun wasan kwaikwayo, ya hau dandamali, sannan a 1912 ya ba da umarnin Ma és holnap, wanda ake lissafawa a matsayin cikakken fim na farko a ƙasar, har ma ya fito a cikinsa. Abin da ke burge ni shi ne bai ɗauki kansa gwani ba. A 1913 ya tattara ya tafi Danmak, kamfanin Nordisk, wanda a lokacin yake sahun gaba a Turai, ya koyi aikin daga tushe har ya yi aiki a fim ɗin Atlantis. Da ya dawo sai ya nufi garin Kolozsvár (yanzu Cluj, a Romaniya) wajen mai shirya finafinai Jenő Janovics, inda ya yi finafinan Bánk bán da A tolonc.

A tolonc ɗin nan shi nake so ka nema. Yawancin finafinan Hangari na wancan zamani sun salwanta, amma shi an tsinci kwafinsa a New York, aka gyara shi. Ranar da na kalle shi na gane inda Casablanca ya samo asali. Babu magana, don haka dole fuska da haske da inuwa da wurin da aka ajiye kyamara su faɗi komai. Tsohon jarumi ya san abin da fuska za ta iya ɗauka, ya san lokacin da zai matso da kyamara da lokacin da zai bar mutum a can nesa. Wannan horon ne ya tafi da shi Hollywood, ba can ya koya ba.

A 1919 gwamnatin kwaminisanci ta karɓe masana'antar fim, shi kuma ya koma Biyana, babban birnin Ostiriya, kamfanin Sascha, ya yi manyan finafinai irin Sodom und Gomorrha a 1922. Daga nan kamfanin Warner Bros na Amurka suka ɗauke shi a 1926. Sauran ka sani: Captain Blood, Robin Hood, sai Casablanca na 1942 da ya ba shi kyautar Oscar. Ya rasu a 1962.

Abu ɗaya dai yana ci mini rai. Mutumin da ya san zafin tsayuwa gaban kyamara, sai ya zama darakta mai tsanani ga 'yan wasa. A wajen ɗaukar ambaliyar fim ɗin Noah's Ark na 1928 an sako ruwa mai yawan gaske a kan ɗimbin 'yan rakiya, da dama suka jikkata, an kuma ruwaito cewa wasu sun rasa rayukansu. Duk son da nake yi wa aikinsa, wannan wajen ba na iya kallonsa da daɗin rai.