Makaɗan almara da ke gina birni da sarrafa lokaci

Tambaya: Malam, na sha jin labaran ƙagaggun makaɗa waɗanda kiɗansu ke ɗaga duwatsu ko juya lokaci. Shin wannan tunani sabo ne, ko yana da tushe? Daga wani mai karatu a Zariya.

Amsa: Malam, tunanin ya tsufa ƙwarai. A tatsuniyoyin Girkawan dā akwai Amfiyon, wanda shi da tagwayensa Zetus suka gina ganuwar birnin Tibis. Zetus ya riƙa ɗaukar duwatsu da ƙarfin damtse, shi kuwa Amfiyon sai ya kaɗa abin kiɗansa mai tsirkiya bakwai, duwatsun suka riƙa tasowa da kansu suna jeruwa a kan juna, kuma an ce saboda tsirkiyoyin nan bakwai ne birnin ya sami ƙofofi bakwai. Ina ƙaunar wannan labari domin yana nuna cewa gini ma yana da kari da ma'auni kamar waƙa.

Game da lokaci kuwa, a almarar mutanen Ailan akwai Dagda, ɗaya daga cikin allolinsu na dā, wanda idan ya kaɗa garayarsa yanayin shekara ke zuwa bi da bi.

Akwai ma wanda ya kusanci yin gini da kiɗa a zahiri. Iannis Xenakis, Bagirke injiniya kuma mai tsara kiɗa, ya yi amfani da lanƙwasassun layukan da ya zana wa kiɗansa Metastaseis wajen fasalta rumfar kamfanin Philips a baje kolin duniya na Brussels a 1958, lokacin yana aiki ƙarƙashin shahararren mai zanen gine-gine Le Corbusier.