Darakta ɗaya, edita ɗaya, shekara kusan ashirin

Kai yaro, ajiye wayar nan ka saurare ni. Ka tambaye ni wai me ya sa darakta Andrzej Wajda na ƙasar Poland ya riƙe mace guda, Halina Prugar-Ketling, tana tace masa fina-finai tun ƙarshen shekarun 1960 har cikin shekarun 1980, ko don aikinta ba tsada. Ba tsada? Kanku fa ku yaran yanzu bai wuce kuɗi ba.

Matar nan ita ta tace dogon fim ɗin farko na darakta Roman Polanski a 1962, wanda ya shiga takarar Oscar. Ita ta haɗa wa Wajda fim ɗinsa na 1981 kan yajin aikin ma'aikatan ƙera jiragen ruwa na Gdańsk, aka yi shi a gurguje, ya je bikin fina-finai na Cannes a Faransa ya ciyo kyauta mafi girma. Kuma ba kwamfuta. Zaren fim take yankawa da hannu ta liƙe, ba maɓallin da za ta danna ya dawo da abin da ta ɓata. Darakta yana miƙa wa irin wannan hannu guminsa ne don ya yarda da shi, shi ma kuma ba ya cin amanarta. Sunanta na nan a rubuce a fina-finan.

Ni fa? Wani furodusa ya kawo min aiki, hoto ya yi duhu, sauti duk ƙarar janareta. Sati uku ina kwana a shagon nan, man inji daga aljihuna. Fitowa guda ma sai da na ɗauko fuskar jarumar daga wani wajen daban na toshe ɓaraka, don darakta ya manta bai ɗauka ba. Ranar da na gama ya zo da fara'a, Alhaji kaza, Oga kaza, wai a ba shi masta, wato ainihin kwafin fim ɗin da aka gama, ya nuna wa 'yan kasuwa, da la'asar zai kawo cikon kuɗina. Na ba shi, saboda tare muke sallah a sahu ɗaya. La'asar ɗin ce har yau ba ta yi ba. Da fim ya fito na sayi faifai da kuɗina na zauna ina jiran wajen "tace hoto". Sunan ƙaninsa na gani! Yaron da bai san inda ake kunna kwamfuta ba. Kuɗin na hakura da su, sunan ne ya tsaya min a wuya.

Yadda ake jera hotuna da daidaita baki da murya kada ma ka tambaye ni, wanda ya yi wata biyu a nan bai iya ba sai ya koma sayar da kati. Abin da zan gaya maka: masta ba ta fita ƙofar nan sai kuɗi ya cika, kwafin dubawa kuma ka buga masa tambarin shago a tsakiyar hoto. Tashi ka duba mai a janareta, na ji yana tari.