Bayan wata ba duhu ba ne

Ɗan'uwa, ka ce ka tsinci riga a gwanjon Katangowa mai hoton gilashi mai kusurwa uku yana fitar da bakan gizo, aka ce maka sunan faifan waƙa ne, The Dark Side of the Moon, kana tambaya ko da gaske wata yana da gefen da rana ba ta taɓa haskawa.

A'a, rana na haska kowane gefe bi da bi. Abin da ke faruwa shi ne, wata yana juyawa a kan kansa sau ɗaya a daidai lokacin da yake kewaya duniya sau ɗaya, kwana 27 da 'yan sa'o'i, shi ya sa fuska guda kawai yake nuna mana. Ajiye kujera a tsakar ɗaki ka zagaye ta kana fuskantarta, ba za ta taɓa ganin ƙeyarka ba. Kai, a ƙarshen wata ma, lokacin da muke Agege muna jiran sanarwar Sarkin Musulmi, bayan watan, wato gefen da ba ma gani, tarwai yake da hasken rana.

Kumbon Tarayyar Sobiyet, Luna 3, shi ya fara ɗauko hotonsa a 1959. Ramuka ne birjik, baƙaƙen filayen da muke gani ta nan kaɗan ne a can. Kumbon Sin, Chang'e 4, ya sauka a 2019, Chang'e 6 kuma ya kwaso ƙasarsa a 2024.

Faifan kuwa na Pink Floyd ne, mawaƙan Ingila, a 1973. Ba ilimin taurari suka sa gaba ba, taɓin hankali da kuɗi da mutuwa suke waƙa a kai.