Tambaya da Amsa: Melina Mercouri, Jarumar Girka da Ta Zama Minista

TAMBAYA: Assalamu alaikum. Na ji ana kiran Melina Mercouri ta ƙasar Girka jarumar fim, wasu su ce marubuciya ce, wasu kuma su ce minista. Shin duk mace ɗaya ake nufi, kuma yaya aka yi ta daɗe haka ana damawa da ita? Daga wata mai karatu.

AMSA: Wa'alaikumus salam, Malama. Mace ɗaya ce, kuma an haife ta a birnin Atina a 1920, a gidan siyasa, domin kakanta ya daɗe yana magajin garin birnin. Ta fara ne da wasan dandamali, inda ta yi suna tun 1949, ba ta kuwa fito a fim ba sai 1955, cikin fim ɗin Stella, tana da shekara 34, lokacin da jarumai mata da yawa tauraruwarsu ta fara dusashewa. A ganina wannan jinkirin ya yi mata rana, domin ta shigo harkar da gogewarta.

Fim ɗin da ya kai ta duniya shi ne Never on Sunday na 1960, wanda Jules Dassin, Ba'amurken da ta aura a 1966, ya ba da umarninsa. Da shi ta ci kyautar gwarzuwar jaruma a bikin fina-finai na Cannes a Faransa.

Batun rubutu kuwa, gudun hijira ne ya haife shi. Ranar 21 ga Afrilu, 1967, sojoji suka yi juyin mulki a Girka tana New York tana wasan dandamali, sai ta ƙi yin shiru, ta shiga zagaya ƙasashen Turai da Amurka tana caccakar sojojin, su kuma suka ƙwace mata shaidar zama 'yar ƙasa tare da dukiyarta. Amsar da ta mayar musu ita ce a Bagirkiya aka haife ta, a Bagirkiya kuma za ta mutu, kuma daga wannan furucin ne littafin tarihin rayuwarta na 1971 ya samo sunansa. Gaskiya dai, a kan wannan littafin ake jingina mata marubuciya, amma ba da alƙalami ta yi fice ba.

Da mulkin soja ya faɗi a 1974 ta koma gida, aka kafa jam'iyyar PASOK da ita, ta ci kujerar majalisa daga Piraeus, birnin tashar jiragen ruwa da ke kusa da Atina, a 1977, sannan ta fito a fim ɗinta na ƙarshe a 1978. Ta riƙe ma'aikatar al'adu daga 1981 zuwa 1989, inda ta tsaya kai da fata sai Birtaniya ta mayar da sassaƙen duwatsun Parthenon, wani tsohon wurin bauta a Atina, waɗanda ke gidan tarihin Birtaniya a Landan, rigimar da har yau ba a warware ba. Ta sake komawa kujerar a 1993, kuma tana kanta ta rasu a New York ranar 6 ga Maris, 1994, sakamakon sankarar huhu.