Ragona ya daina tuƙa, likita me ke damunsa?

Tambaya: Likita ni a Agege nake, sati uku kenan da na sayo rago a Alaba Rago, yanzu ya daina tuƙa, sai ya koma gefe shi kaɗai, da dare kuma ina jin yana cizon haƙora.

Amsa: Alhaji ka kyauta da ka lura, don mu majinyacinmu ba ya magana, abin da mai dabba ya gani da idonsa da shi muke fara aiki. Lafiyayyen rago in ya ci ya kwanta dole ya yi tuƙa, kuma ba ya son rabuwa da 'yan uwansa, cizon haƙoran nan ciwo yake ji, galibi a ciki. A Legas ɗin nan leda nake fara zargi, wallahi na sha buɗe tumbi in ciro leda ta cure da igiya ta yi tauri, dabba tana ta ramewa mai ita yana ta ƙara mata dusa da kanwa. Duba cikinsa ta hagu ko ya kumbura, duba kashinsa. In akwai majina da zawo da gyambo a baki, ware shi yau ɗin nan, yana iya zama PPR, wata cutar tumaki da awaki, kuma tana yaɗuwa. Kira likita, kar ka yi ta ɗura masa magani.

Tambaya: Karen maƙwabcinmu a Idi-Araba da ba ruwansa, kwana biyu yana dalalar da miyau yana cizon ƙarfe, jiya ya ciji yarona a ƙafa.

Amsa: Hajiya dan Allah kar ki kwana. Kare ya canza hali haka farat ɗaya, ciwon haukan kare ake tsoro. Wanke wurin da sabulu da ruwa mai gudu minti 15, ki kai shi asibiti a fara masa allurar rigakafi yanzu, domin in alamu suka bayyana a jikin mutum da wuya a tsira. Karen a killace shi, kar wanda ya taɓa shi da hannu, a sanar da likitan dabbobi.

Tambaya: Magena namiji ne, yana yawan tsugunawa yana kuka fitsari ba ya fita, in ba shi paracetamol?

Amsa: A'a Malam, paracetamol yana kashe mage ko kaɗan ne. Mafitsararsa ce mai yiwuwa ta toshe, kai shi yau, kar ya kai gobe.